Kabeji Mai Tsami, Ganye da Nama: Abincin Daren Jamusawa a Tukunyarmu

(Jawabin da wata 'yar ƙungiya ta gabatar a taron wata-wata na reshen mata, unguwar Bagadaza, Gombe)

Uwar ƙungiya, iyayenmu mata da ke zaune a gaba, yayyena da ƙannena, da 'yan matanmu da ke can baya, barkanmu da war haka. Na gode da wannan dama da aka ba ni. An ce in yi magana a kan girki, ni kuwa na zaɓi wani abinci na Jamusawa. Na ga wasu har sun fara murmushi. To, ku yi haƙuri ku saurare ni, domin kafin in sauka za ku ga cewa duk kayan haɗinsa suna nan a kasuwar Gombe, kuma hikimar da ke cikinsa iyayenmu sun daɗe da saninta.

Abu biyu ne suka sa na ɗauko wannan magana. Na farko, asara. Kowace shekara idan sanyi ya shigo, kayan lambu sukan cika kasuwa. Ga na masu noman rani na wajen Dadin Kowa da Kwadon, ga kuma wanda motoci ke saukowa da shi daga Jos. Kabeji ya yi araha, mace ta saya da yawa don ta ga banza, bayan 'yan kwanaki ya yanƙwane, a zuba wa awaki. In an shiga wata uku gaba kuma, a neme shi da tsada. Na biyu, lafiya. Ku duba gidajenmu, da wuya a sami wanda babu mai fama da hawan jini ko ciwon suga. Abincin darenmu kuwa kun san shi: tuwo malmala biyu, miya ta sha mai da gishiri da dunƙule, ganye ɗan kaɗan. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ba da shawara kowane baligi ya ci aƙalla giram 400 na kayan lambu da 'ya'yan itace a rana, gishiri kuma kada ya kai giram 5, wato kimanin ƙaramin cokalin shayi ɗaya. Kowa ta auna gidanta da wannan ma'auni a zuciyarta.

To, mene ne wannan abinci? Ƙasar Jamus ƙasa ce mai tsananin sanyi, watanni sukan wuce gona ba ta ba da komai. Kafin zuwan firji, dole suka nemi dabarar ajiye ganye. Sai su yanka kabeji siriri, su barbaɗa gishiri, su danna shi cikin tulu ko ganga, su bar shi ya yi tsami. Suna kiransa Sauerkraut, ma'anarsa a harshensu kabeji mai tsami. Sukan ci shi da dafaffen dankalin Turawa da kuma sosej, wato niƙaƙƙen nama da aka ɗura cikin hanji. A arewacin ƙasar kuma, wajen biranen Bremen da Oldenburg, akwai wani ganye ɗan uwan kabeji wanda ba ya ƙulla kai, suna kiransa Grünkohl, shi ne abincinsu na lokacin hunturu. Waɗannan uku, kabeji mai tsami da ganye da nama, su ne za mu haɗa a faranti ɗaya.

Amfanin wannan kabeji ya wuce Jamus tun da daɗewa. A zamanin da, masu tafiya a jiragen ruwa sukan yi watanni ba su ga ɗanyen ganye ba, sai wani ciwo ya kama su, dasashi ya dinga zubar da jini, haƙora su zube, da yawa su mutu. Yau an san rashin bitamin C ne ke kawo shi. A shekarar 1768, da wani matuƙin jirgi ɗan Ingila mai suna James Cook zai fita doguwar tafiyarsa, ya loda ganguna na kabeji mai tsami ya sa mutanensa suka riƙa ci, ciwon kuwa bai yi masa ɓarna irin wadda yake yi wa wasu ba. Dalili shi ne kabejin yana riƙe wani kaso na bitamin ɗinsa ko ya daɗe a ajiye.

Na san abin da wata za ta tambaya: Hajiya, abin da aka bari ya yi tsami, ba ruɓewa ya yi ba? Ba giya ba ce? Amsa ita ce a'a. Ku tuna da kindirmo da nono. Ku tuna da kamu da muke dama koko, da ƙullun masa da na sinasir da muke bari ya kwana. Duk tsami ne, kuma ba mu taɓa kiransu ruɓaɓɓu ba. Akwai wasu ƙananan halittu da ido ba ya gani, waɗanda ke zaune a jikin ganyen tun daga lambu. Idan aka hana su iska, sai su ci zaƙin da ke cikin kabejin su mai da shi tsami irin na nono. Wannan tsami shi ke hana miyagun ƙwayoyi masu ruɓar da abinci zama. Gishirin kuma aikinsa biyu: yana tatso ruwan kabejin, yana kuma tsare shi a kwanakin farko kafin tsamin ya yi ƙarfi. Ba ya sa maye, kamar yadda kindirmo ba ya sa maye. Matar da ta iya daddawa, wannan wasa ne a wurinta.

Yanzu ga yadda ake yi, ku kasa kunne, masu biro kuma su rubuta. A sami kabeji mai tauri, sabon yanka, wanda ba shi da tabo. A ɓare ganyen waje a ajiye ɗaya mai kyau a gefe, a ɗauraye kan da ruwa mai tsabta, a raba huɗu, a cire ƙashin tsakiya, a yanka siriri kamar za a yi kwaɗo. Ma'aunin gishiri shi ne ginshiƙin aikin: giram 20 ga kowane kilo ɗaya na yankakken kabeji. Wadda ba ta da sikeli, matsakaicin kan kabeji ɗaya yakan yi kusan kilo, gishirinsa kuma babban cokalin cin abinci ɗaya, kada a tula shi. In gishiri ya yi kaɗan kabejin zai yi yauƙi ya lalace, in ya yi yawa ba zai yi tsami ba. Gishirin da muke girki da shi ya isa. Kanwa kuwa, ko kusa kada ta zo, domin ita maƙiyiyar tsami ce.

A zuba a kwano, a wanke hannu da sabulu, a murje kabejin da gishirin kamar minti goma, har ki ga ya yi laushi, in kin matsa ruwa na zuba. Sai a ɗura shi cikin kwalba mai faɗin baki da aka wanke da tafasasshen ruwa, ko bokitin roba mai murfi wanda aka tanada don abinci. Kada a sa a tukunyar alminiyam ko gwangwani, tsamin yana cin ƙarfe. Ana zubawa ana dannawa da muciya, har ruwan ya taso ya rufe kabejin. A shimfiɗa ganyen nan da aka ajiye a sama, a ɗora wani abu mai nauyi, ko da leda ce mai tsabta da aka ɗaure ruwan gishiri a ciki. A bar fili kamar yatsu uku daga bakin kwalbar. Wannan ita ce doka ta biyu bayan gishiri: kabeji ya zauna a ƙarƙashin ruwa koyaushe. Duk wanda ya leƙo sama ya sha iska, shi ne zai yi fumfuna. In ruwan bai isa ba, a narka ƙaramin cokali ɗaya na gishiri a kofi ɗaya na ruwan da aka tafasa ya huce, a ƙara. Kada a ɗaure murfi tamau, domin zai yi kumfa yana fitar da iska, kuma a sa faranti a ƙarƙashi don yakan yi ambaliya.

A nan ne za mu bambanta da Jamusawa, saboda zafin garinmu. Tsamin ya fi kyau a wuri mai sanyin ma'auni 18 zuwa 22, inda yakan ɗauki mako uku zuwa huɗu. Gombe kuwa kun san ta, a watan Maris da Afrilu zafi yakan kai 40. A irin wannan zafi kabejin yakan yi tsami da gaggawa, ya narke, ɗanɗanonsa ya ɓaci. Saboda haka lokacinmu shi ne Disamba da Janairu, kuma Allah cikin ikonSa a lokacin ne kabeji ya fi araha. A ajiye kwalbar a lungun da ya fi sanyi a ɗaki, kusa da randa, nesa da murhu da hasken rana. Daga kwana na biyar a fara ɗanɗanawa da cokali mai tsabta. A wurinmu, mako ɗaya zuwa kwana goma yakan wadatar.

Akwai kuma wata dabara ta gida da za ta taimake mu. Wani malami a Jihar Jigawa, Mohammed Bah Abba, ya yaɗa hikimar sa tukunya cikin tukunya: a sami babbar tukunyar ƙasa, a sa ƙarama a cikinta, a cika tsakaninsu da yashi, a jiƙa shi da ruwa safe da yamma, a rufe da jiƙaƙƙen tsumma. Yayin da ruwan ke bushewa ta jikin babbar, yana janye zafin ciki. Wannan aiki ya sa aka ba shi lambar yabo ta Rolex a shekarar 2000. Dabarar ta fi aiki a lokacin rani da iska ke bushe, wato daidai lokacin da muke bukata. A sa kwalbar kabejin cikin ƙaramar tukunyar. Mai firji, da zarar tsamin ya yi mata sai ta sa a ciki, zai yi watanni. Wadda ba ta da shi, ta riƙa yin kaɗan-kaɗan, abin da gida zai cinye cikin mako biyu.

Yaya za a gane ya yi kyau? Launinsa zai koma ruwan ɗorawa mai haske, ƙamshinsa na tsami mai daɗi, kuma yana da ɗan ƙaras-ƙaras a baki. In an ga wani farin yanayi siriri a saman ruwan, a kwashe shi, ba komai. Amma in an ga fumfuna baƙa ko kore ko ja, ko ya yi yauƙi yana wari, to, a zubar gaba ɗaya, kada a yi ƙyashi. Asarar kan kabeji ɗaya ta fi kuɗin asibiti sauƙi.

Sai batun nama, kuma a nan ina son 'ya'yanmu masu zuwa karatu waje da 'yan kasuwarmu masu tafiye-tafiye su ji da kyau. Yawancin sosej ɗin Jamusawa na naman alade ne. Shahararren nan na birnin Nuremberg, ɗan ƙarami kamar yatsa, alade ne zalla. Har wanda aka rubuta na sa ne ko na kaza, yana yiwuwa an haɗa shi da kitsen alade ko an ɗura shi a hanjinsa. Bugu da ƙari, a can sukan dafa kabejin da kitsen alade ko su tsiyaya masa giya. Saboda haka wanda ya je can ya tambaya kafin ya ci, ya kuma nemi shagunan Turkawa. Tun yarjejeniyar 1961 da ta kawo ma'aikata daga Turkiyya, Musulmi sun yi yawa a Jamus, kuma suna da mahauta da sosej na naman sa na halal.

Ko da na halal ne ma, wanda ake sayarwa a leda daga masana'anta ba abin ci kullum ba ne. A shekarar 2015, cibiyar binciken ciwon daji ta Hukumar Lafiya ta Duniya ta sanya sarrafaffen nama, wato wanda aka adana da gishiri da sinadarai ko hayaƙi, cikin abubuwan da ke haddasa ciwon dajin hanji. Ta ce cin giram 50 nasa kowace rana yana ƙara haɗarin da kashi 18 cikin ɗari. Mu da muke da mahauta a bakin ƙofa, me zai kai mu? Mu yi namu sabo, mu dafa a ranar.

Ga gida mai mutum shida, a sayi tsokar naman sa ko na rago rabin kilo, da ɗan kitse kaɗan a jiki don kada ya bushe. A niƙa a inji, ko a yanka ƙanana a daka a turmi. A zuba ƙaramin cokali ɗaya na gishiri, da masoro, da citta, da tafarnuwa, da ɗan kanumfari, da gyaɗar ƙamshi kaɗan. Mai son yaji ta sa attaruhu, ai ba Jamus muke ba. A cuɗa sosai har ya kama jikinsa ya yi danƙo. Sai a shafa mai a hannu a mulmula shi dogo-dogo kamar babban yatsa, guda goma sha biyu, kowa ya sami biyu. Ba dole sai da hanji ba. Wadda take son ta yi na ainihi, ta jira lokacin layya, ta wanke ƙaramin hanjin rago ciki da waje, ta kankare shi, ta jiƙa a ruwan gishiri, ta ɗura naman da mazurari tana murɗewa gaɓa-gaɓa. Abu ɗaya dai: niƙaƙƙen nama ba ya jira. Kada ya wuni a zafi, kuma a dafa shi har cikinsa, kada a bar ja ko kaɗan.

Ganye kuwa, a nan mun fi Jamusawa arziki. Ga alayyahu, ga zogale, ga rama, ga ugu da maƙwabtanmu suka koya mana, kowanne zai tsaya a madadin nasu. Alayyahu da zogale suna da sinadarin ƙarfe da jiki ke ƙera jini da shi, abin da masu ciki da masu shayarwa da 'yan mata ke bukata ƙwarai. Bitamin C kuma yana taimaka wa jiki ya tsotsi wannan sinadari daga ganye, shi ya sa haɗa shi da kabeji da ɗan nama ya yi daidai. Sai dai mu gyara yadda muke dafawa. A wanke ganye kafin a yanka, ba bayan an yanka ba, kuma a wanke sosai, don ba mu san da wane ruwa aka yi ban-ruwa ba. A daina jefa kanwa don ya yi kore ko ya yi saurin nuna, tana kashe bitamin. Alayyahu minti biyar ya ishe shi. Zogale da rama sun fi tauri, a ɗan tafasa su tukuna da ruwa kaɗan.

To, ga haɗin abincin daren. A dafa dankalin Turawa kilo ɗaya da ɓawonsa, irin wanda ake kawowa daga Bokkos da Mangu. Wadda ba ta samu ba, dankalin Hausa ya yi. A ɗora tukunya mai faɗi, a zuba man gyaɗa babban cokali biyu, ba ludayi ba. A soya mulmulallen naman a wuta matsakaiciya ana juyawa har ya yi ja ta ko'ina, a tsame. A cikin man da ya rage a soya albasa manya biyu har su yi laushi. A ɗebo kabeji mai tsami kamar rabin kilo, a ɗauraye sau ɗaya a matse, a zuba, a ƙara rabin kofi na ruwa ko romon nama. A mai da naman a kai, a rufe, a rage wuta, ya turara minti goma sha biyar. Daga ƙarshe a zuba yankakken ganye ɗauri biyu ko uku, a rufe minti biyar, a juya a sauke. Ba a ƙara gishiri, ba a jefa dunƙule, na jikin kabejin da na naman ya isa. A faranti, rabi ya zama ganye da kabeji, kwata dankali, kwata nama. Wuta tana kashe halittun nan masu amfani da ke cikin tsamin, don haka a ajiye ɗan cokali na ɗanyen a gefen faranti, kamar yadda muke sa yaji a gefen tsire.

Kafin in zauna, ga gargaɗi, don kada a ce na yabi abu na ɓoye aibinsa. Wannan kabeji yana da gishiri. Tun da giram 20 muka sa a kilo, kowane giram 100 yana ɗauke da kusan giram 2, alhali an ce kada mu kai 5 a yini guda. Don haka mai hawan jini ko ciwon ƙoda a ɗauraye masa sosai, ya ci kaɗan, ya kuma nemi shawarar likitansa. Mai gyambon ciki ya fara da cokali ɗaya ya ga yadda zai karɓe shi. Wanda bai saba ba yakan ji kumburin ciki a farko. Kuma abinci ne, ba magani ba: wadda aka ɗora a kan maganin hawan jini ko na suga kada ta ajiye shi ta ce ta sami kabeji.

Na san maigida yana iya kallon faranti ya ce ina tuwon? Kada ki yi gardama. Fara da sa masa kaɗan a gefen shinkafa ko dambu, ko ki haɗa kwaɗon zogale da ƙuli-ƙuli ki zuba kabejin a madadin lemon tsami. Sannu ba ta hana zuwa. Yara ma in sun ga mulmulallen naman, za su ci ganyen da ke tare da shi.

Shawarata ga uwar ƙungiya ita ce, idan sanyi ya shigo kabeji ya faɗi, mu haɗa kuɗi mu sayi buhu ɗaya a sari, mu taru a gida ɗaya da kwalabenmu da wuƙaƙenmu, mu yi tare, a kawo sikeli ɗaya kowa ta ga ma'aunin gishirin da idonta. Bayan kwana goma kowa ta zo da nata a ɗanɗana, wadda nata ya fi kyau ta koya wa saura. Iyayenmu da suka baro Kano da Katsina da Zariya da Sakkwato suka zauna a Gombe sun koyi girkin mutanen da suka tarar, sun kuma koyar da nasu. Ƙara girki ɗaya ba zai gagare mu ba.

Wadda take da tambaya, ga ni nan bayan an tashi. Allah Ya ba mu lafiya da abin da lafiya za ta ci, Ya albarkaci gidajenmu da zuriyarmu.